Hattara da masu tallar "disk mai wasanni dubu hamsin" a Maraɗi

Assalamu alaikum jama'ar Maraɗi da kewaye. Jika 45 na ƙanena sun salwanta, an ƙwace masa shafinsa na Facebook, an kuma yi amfani da sunansa an karɓi kuɗi a hannun mutum biyu cikin danginmu. Na yi kwana uku ina juya maganar a raina ko in rubuta ko in yi shiru, saboda yaron kunya ta ishe shi, ko fita hira ya daina. Jiya da dare sai na sake cin karo da tallar nan ta dawo, hoto ɗaya, magana ɗaya, lambar waya kawai aka sauya. Shi ya sa na nemi izininsa na zauna na rubuta.

Ga yadda tallar take. Hoton wani ɗan disk baƙi da hannun wasa biyu, a ƙasa an rubuta cewa girman ma'ajiyarsa tera 2 ne, akwai wasanni 50,000 a ciki, daga Sega da Nintendo har PS2, PS3 da PS4, kuma wai kowace irin kwamfuta yana tashi, ka jona kawai ka fara bugawa. Tana yawo a Facebook da TikTok, daga can a ja ka zuwa WhatsApp.

Ban ga laifin wanda ransa ya biya ba. Duk wanda ya tashi a garin nan ya san gidajen gem na unguwa, inda muke tara dala-dala mu biya mu zauna kan benci, telebijin ɗaya, yara goma a bayanka kowa na jiran a ci wani ya karɓi hannu. Mortal Kombat, Winning Eleven, daga baya PES 6 da ya fito a 2006 ya zauna daram shekara da shekaru. In aka ce maka duk wannan zai dawo cikin kwamfutarka a ɗakinka, dole zuciya ta motsa. Da wannan kewar suke kama mutane.

Ƙanena ɗalibi ne, yana da kwamfuta ta hannu da na saya masa don karatu, Core i3 mai RAM giga 4. Ya yi magana da mai tallar, mutumin ya ce kayan daga waje suke zuwa, sai an ba da kafin alƙalami na jika 10. Ya aika. Bayan kwana huɗu aka kira shi ya zo kusa da tasha ya karɓa. Wani yaro ne ya zo a kan babur, ba shi ne mai maganar ba. Ya buɗe tasa kwamfutar, ya jona disk ɗin, ya nuna masa Sonic da Super Mario da Contra suna tafiya sumul, ya gangara da jerin sunaye har ido ya gaji. Ƙanena ya ce a gwada masa God of War, yaron ya ce batirinsa ya kusa mutuwa kuma ana jiransa a wani wuri. Ƙanena ya cika jika 30, aka rabu.

A gida manyan wasannin suka ƙi buɗewa. Ya kira, mutumin ya amsa da fara'a: "Ƙanena kwantar da hankalinka, ai sai an kunna lasisi. Kashe manhajar tsaron kwamfutarka, ka danna fayil ɗin da ke sama, ka turo jika 5 in ba ka lambar." Ya kashe, ya danna, ya tura. Lambar ba ta buɗe komai ba. Washegari wayar mutumin a kashe, jibi kuma gwaggonmu ta kira ni tana tambaya wane asibiti aka kwantar da yaron, don ya rubuto mata a Facebook yana neman kuɗin magani. A lokacin yana zaune gabana lafiyarsa ƙalau. Sai a nan ya ce, "Yaya, akwai abin da ban gaya maka ba."

Mun ɗauki disk ɗin da kwamfutar muka kai wa wani mai gyara da na daɗe da sani a wajen babbar kasuwa. Ya auna disk ɗin a tafin hannunsa, ya sa ɗan ƙarfe ya ɓalle murfin. Abin da ke ciki: ƙaramin katin ajiya irin na waya an manna shi da gam, da guntun ƙarfe a gefe don ya yi nauyi. Da ya gwada, ainihin abin da katin ke ɗauka giga 32 ne. Ya ce da ni, "Malam, wanga shi na na ukku da aka kawo mini cikin watan ga."

Yadda ake haɗa wannan ha'inci ya kamata kowa ya fahimta, don ba a wasanni kaɗai ake yinsa ba, har a kile da katin waya na bakin titi. A cikin kowace ma'ajiya akwai ɗan guntun na'ura da ke gaya wa kwamfuta girmanta. Ana iya sauya masa bayani ya riƙa cewa tera 2 alhali giga 32 ne. Windows ba ta aunawa da kanta, abin da aka gaya mata shi take nunawa. Fayilolin farko da aka zuba suna zama lafiya, su ne ake nuna maka a gwaji. Duk abin da ya wuce ainihin girman, sunansa zai fito a jeri, girmansa zai fito, amma cikinsa fanko ne ko kuma ya hau kan na baya ya lalata shi. Shi ya sa Sonic ya tashi, God of War ya ƙi.

Ko ba a buɗe murfi ba, lissafi kaɗai ya isa ya tona asirin. Wasan Nintendo na farko, na'urar da ta fito a Japan a 1983, yawanci bai kai ko mega 1 ba. Na Sega Mega Drive ta 1988 'yan mega kaɗan ne. Irin waɗannan dubbai za su shiga ƙaramar kile, wannan gaskiya ne. Amma PlayStation ta farko, ta 1994, da faifan CD take aiki, wasa ɗaya yana iya kai mega 700. PS2 ta shekarar 2000 faifan DVD ne, mai ɗaukar giga 4.7. PS3 ta 2006 faifan Blu-ray ne, giga 25 ko 50. Mai tallar ya ce wa ƙanena na PS2 kaɗai akwai 5,000. Mu ɗauka kowanne giga 2 ne kacal, ka ga giga 10,000 ke nan, wato tera 10. Ta ina za su shiga cikin tera 2, balle a ƙara na PS3 a kai?

Sai maganar "kowace irin kwamfuta". Abin da ke sa wasan tsohuwar na'ura ya tashi a kwamfuta manhaja ce da ake kira emuleta, wato mai kwaikwayo. Aikinta kamar na tafinta ne: wasan yana magana da yaren injin Sega ko na PlayStation, ita kuma tana juya kowane umarni zuwa yaren da kwamfutarka ke ji, nan take, ba tsayawa. In injin asali mai sauƙi ne, tafintar ba ta shan wahala, shi ya sa ko tsohuwar kwamfutar ofis za ta buga Sega da Super Nintendo da PlayStation ta farko. PS2 tana son kwamfuta mai ɗan ƙarfi da RAM kamar giga 8. PS3 kuwa injinta, wanda ake kira Cell, yana da wuyar kwaikwayo ƙwarai, sai kwamfuta mai tsada sosai. Na PS4 har yanzu aikin bai nuna ba. Duk wanda ya dubi kwamfuta mai ƙaramin inji irin Celeron ko tsohuwar i3 ya ce maka za ta buga PS4, ya san ƙarya yake.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne wannan: manhajojin nan duk kyauta ne. RetroArch, wadda ke tara na'urori da yawa a wuri guda, kyauta ce. PCSX2 ta PS2 kyauta ce. DuckStation ta PlayStation ta farko, Dolphin ta GameCube da Wii, RPCS3 ta PS3, Snes9x ta Super Nintendo, MAME da aka fara tun 1997 don wasannin manyan akwatunan da ake jefa wa kwabo, duk kyauta. PPSSPP ta PSP ita ma kyauta ce, tana da wani nau'i mai suna Gold da mutum ke saya don tallafa wa mai ita, amma wasa ɗaya suke bugawa. Har da Batocera, wadda ake sa wa a kile kwamfuta ta tashi da ita kamar na'urar wasa, ba a biyan ko dala. Masu sa kai ne a ƙasashe daban-daban suka kwashe shekaru suna rubuta su, kowace tana da shafinta na asali. Babu ɗaya a cikinsu da ke neman lambar lasisi daga wani mutum a WhatsApp, babu wadda ke cewa sai ka cike wata takardar tambayoyi ko ka sa lambar wayarka kafin ta buɗe. In ka ga an nemi haka, rufe shafin.

Fayil ɗin da aka sa ƙanena ya danna shi ne ya fi disk ɗin sharri. Wasan tsohuwar na'ura ba ya zuwa da wutsiyar .exe a ƙarshen sunansa kamar wannan fayil ɗin. Na Nintendo yana ƙarewa da .nes, na Super Nintendo .sfc ko .smc, na faifai kuma .iso ko .bin da .cue ko .chd. Emuleta ce ke buɗe su, su da kansu ba sa tashi. Wanda aka ba shi birus ne irin mai kwashe kalmomin sirrin da mutum ya adana a Chrome, ya aika wa mai shi. Windows Defender, manhajar tsaron da ke cikin kwamfutar, zai iya tare shi, shi ya sa sharaɗin farko da ɓarawon ya kafa shi ne a kashe shi. Kamar wanda ya ce ka ɗaure karenka ka buɗe ƙofa tukuna ya miƙo maka saƙo.

Akwai wata gaskiya da ba zan ɓoye ba don ina faɗakarwa. Emuleta daban, wasannin daban. Wasannin dukiyar kamfanonin da suka yi su ne, haka ma fayil ɗin da ake kira BIOS, wanda PCSX2 ba ta tashi sai da shi kuma ba ta zuwa da shi, mallakar Sony ne. Hanya mai tsabta ita ce mutum ya kwafo daga na'urarsa da faifansa. Da yawa cikinmu muna da tsohuwar PS2 da faifai a ƙarƙashin gado, faifan DVD ɗin kuma kwamfuta mai wurin faifai tana karanta shi. Wanda ke sayar maka da wasa dubu hamsin yana sayar da abin da ba nasa ba ne tun farko, to mutumin da ya fara ciniki a haka me zai hana shi haɗawa da kai?

Kada kuma a yi wa kowa kuɗin goro. Akwai samari a unguwannin Zariya, Ali Ɗan Sofo da Sabon Gari, masu shago a fili, da za su sa maka emuleta, su daidaita maka hannun wasa, ka biya su ladan aikinsu da kuɗin intanet. Wannan sana'a ce, kuma in abu ya lalace ka san ƙofar da za ka koma. Da su ban da magana. Maganata da wanda ba shi da shago, ba ya yarda ku haɗu, yana son kuɗi kafin ka ga kaya, yana aiko ɗan saƙo mai gaggawa.

In har za ka sayi disk ko kile a hannun kowa, je da kwamfutarka, kada ka yarda da gwaji a tasa. Kai za ka zaɓi wasan da za a buɗe, ka zaɓo manya, daga tsakiya da ƙarshen jeri, ka buga kowanne na 'yan mintuna. Akwai ƙaramar manhaja kyauta mai suna ValiDrive da ke leƙa wurare daban-daban a cikin ma'ajiyar ta gaya maka ko girman gaskiya ne, ba ta ɗaukar lokaci mai yawa. H2testw ta fi ta bin diddigi, tana cika wurin da ba komai sannan ta karanta, sai dai tana iya cin sa'o'i a babban disk. Mai kayan gaskiya zai zauna ya jira ka. Tambayi kuma nawa ake sayar da disk tera 2 fanko a shagunan kwamfuta, ka gwada da kuɗin da aka yanka maka har da hannun wasa biyu a kai.

Wanda kuma ya riga ya danna irin fayil ɗin nan, ya cire kwamfutar daga intanet yanzu. Ya ɗauki wata waya ko kwamfuta mai tsabta ya sauya kalmomin sirrinsa, ya fara da na imel don da shi ake ƙwato sauran, ya kunna tabbaci mai mataki biyu a Facebook da WhatsApp. Ya sanar da dangi da abokai da bakinsa cewa duk saƙon neman kuɗi da sunansa ba shi ba ne. Mu wannan ne muka makara a kai, shi ya ja wa gwaggo da wani ɗan baffanmu asara. Kwamfutar kuma a kwashe takardun karatu a goge ta gaba ɗaya a sake zuba Windows, haka muka yi wa ta ƙanena.

Mun kai ƙara komisariya da rasit ɗin aika kuɗi, da hotunan hirar WhatsApp, da disk ɗin a buɗe yadda yake. Nijar tana da doka kan laifukan intanet tun 2019, kuma zamba irin wannan tana ciki. Ban sa lambar mutumin a nan ba don yana sauya ta, wataƙila ma da takardun wani bawan Allah aka yi rajistar layin. In kai ma ya karɓi kuɗinka, ko na ɗanka, ko na ƙaninka, don Allah kada ka goge hirar kuma kada ka yar da rasit. Ka kai su komisariya ka ce kan maganar disk ɗin wasanni ne, a haɗa da namu.