Lauyan da ya riƙe mini dosiyen rapel: abin da na gani da idona

Ni malamar lakkol ce a nan Damagaram, shekara 19 ina riƙe da alli. Na ci jarrabawar da ta ɗaga ni daga rukunin C zuwa na B, arete, wato takardar hukuncin gwamnati, ya fito da sunana da lambar matirkil ɗina ta ma'aikaci, amma albashi ya ƙi motsi shekara uku cur. Biron da ke riƙe da takarduna kuwa amsarsu ɗaya ce: "Malama, a ƙara haƙuri, yana hanya." Ina da ƴaƴa huɗu, ga uwa tsohuwa a gida, haƙurin ya ƙare.

Wata abokiyar aikina ce ta yi mini kwatancen ofishin wani lauya, Metir kamar yadda muke kiran lauyoyi. Ɗaki biyu ne kawai, da benci a zaure da fanka mai ƙara. Na zube masa takarduna cikin leda, ya baje su bisa tebur, ya jera kowace da kwanan watanta, ya ɗora ƙusa a kan na gefe don kada iska ta kwashe. Ya jima yana dubawa kafin ya ɗago kai.

"Malama, ina takardar da ta nuna kin taɓa kai kuka?"

Na ce, "Metir, ai ƙafata ta san hanyar biron nan fiye da ta kasuwar Dole."

Ya ce, "Na yarda. Amma a idon shari'a ba ki taɓa buɗe baki ba."

Wannan magana ta daki zuciyata, domin gaskiya ce. Ya zaunar da ni ya warware mini da Hausa, ba da Faransancin kotu ba. Dokar ma'aikatan gwamnati ta 23 ga Yuli 2007 ya buɗe. Ƙarin mataki daban, wanda ke zuwa duk shekara biyu. Ƙarin daraja daban, shi sai an duba maki an zaɓa. Nawa canjin rukuni ne, kuma tunda an sa hannu a arete, saura kawai a gyara albashi a biya bashin baya, wato rapel. Kafin a dumfari alƙali, dole a fara rubuta koke ga hukumar, a karɓo kwafi mai hatimi da kwanan wata. In sun yi shiru har wa'adi ya cika, doka na ɗaukar shirun a matsayin ƙi, daga nan ƙofar kotu ta buɗe. Wanda ya yi sake wa'adi ya wuce shi, ko yana da gaskiya sai a kori ƙarar.

Abin da ya fi sa na amince da shi, bai tura ni kotu don ya ci kuɗina ba. Ya ce gwamnati na da nata masu kare ta, shari'a da ita ba ta kwana ɗaya ba ce, ga Yamai wajen kilomita 900 daga nan. Gara a fara da takarda mai ƙarfi. Shafi biyu ya rubuta, ya karanta mini layi-layi kafin in sa hannu.

Sai dai akwai inda ban ji daɗi ba. Kuɗin ya yi wa ƙaramin ma'aikaci nauyi: jika 150 na biya, wato sefa dubu 150, kashi uku, ko da yake kowane biya da rasit. Sannan ba ya zama. Rabin wata yana Yamai, waya ta yi ta ringi ba a ɗauka. Sau uku ina hawa kabu-kabu daga Garin Malam cikin rana, in tarar da yaron ofis kaɗai yana ce mini, "Inna, Metir ya yi tafiya." Yaron na da ladabi, amma bai san inda aka kwana a dosiyena ba. Saƙo ɗaya ta WhatsApp da ya hutar da ni.

Wata bakwai bayan koken, na je banki na ga albashi ya hau matsayin da ya kamata. A bakin ƙofar na tsaya na yi hamdala, hawaye na zuba. Rapel ɗin shekara uku bai faɗo ba tukuna. Metir ya sake rubutawa makon jiya, kwafin mai hatimi yana cikin akwatina. Malamai biyu na lakkol ɗinmu da ke da irin matsalata na riga na ba su kwatancen wurin, na ce su fara neman yaron ofis ya tsayar musu da ranar ganawa kafin su kashe kuɗin kabu-kabu.