Jakadan Birtaniya da jami'in tallafinta: ina suka haɗu, ina suka rabu?

Ɗan'uwa, ka tambaya ko jakadan Birtaniya da jami'in tallafin raya ƙasa aikinsu ɗaya ne, tunda kana ganin su tare wajen buɗe makarantu da asibitoci. Ba ɗaya ba ne, duk da cewa yanzu ma'aikata ɗaya ce ke biyan su albashi.

Jakada bakin gwamnatinsa ne. Ana auna shi da kasuwar da ya samar wa kamfanonin ƙasarsa, da yarjejeniyar tsaro, da yadda ya fitar da ɗan ƙasarsa daga matsala, da ingancin rahoton da yake aikawa Landan. Hulɗarsa da fadar shugaban ƙasa ce da ministoci.

Jami'in tallafi kuwa galibi masanin tattalin arziki ne, ko lafiya, ko ilimi. Shi ne za ka tarar a ma'aikatar ilimi ta jiha yana bin kasafin kuɗi layi-layi, ko a ƙaramin asibitin ƙauye yana duba ko firjin allurar rigakafi na aiki. Daga 1997, lokacin firaminista Tony Blair, waɗannan jami'ai suna da ma'aikatarsu mai zaman kanta ta raya ƙasashe, wato DFID, kuma dokar 2002 ta ce dole kuɗinta ya tafi ga rage talauci. Mutanen Kano sun san ofishinta, malaman firamare a Kano da Kaduna da Jigawa kuma sun san ESSPIN, shirinta na tallafa wa ilimi.

Mutum ɗaya yakan tsallaka daga wannan layi zuwa wancan. Catriona Laing ta fara aiki a Botswana tana masaniyar tattalin arziki, ta shugabanci DFID a Sudan, ta yi aiki a Helmand ta Afganistan, kafin ta zama jakadiya a Zimbabwe a 2014, a Najeriya kuma daga 2018 zuwa 2023. Wanda ya gaje ta, Richard Montgomery, ya taɓa riƙe DFID a Najeriya da Pakistan, ya kuma wakilci ƙasarsa a Bankin Duniya. A ganina irin waɗannan sun fi jakadan da ya taso a ofis sanin halin talaka, domin sun ga aji mai cike da yara babu benci. Amma ranar da suka karɓi kujerar jakada, muradin Birtaniya ne a gabansu, kuma ba su ɓoye hakan.

Nan ne abin ke damuna. A Satumbar 2020 gwamnatin Boris Johnson ta haɗe DFID da ma'aikatar harkokin waje, aka sami FCDO. Jami'in da a da zai iya cewa "wannan kuɗin na talakawa ne" ya koma ƙarƙashin jakada. A 2021 aka rage tallafin daga kashi 0.7 cikin ɗari na kuɗin shigar ƙasa zuwa 0.5. A Fabrairun 2025 firaminista Keir Starmer ya ce tallafin zai sauko zuwa 0.3 nan da 2027, a ƙara wa tsaro, har ministar raya ƙasashe Anneliese Dodds ta ajiye aiki saboda hakan. Jakada na nan daram a Abuja, amma shirin da ke horar da ungozoma ko malamin firamare shi ake fara tsuke wa aljihu.