Alf Garnett ko Steptoe: wane faifan DVD ya cancanci kuɗinka?

Mai neman tsohon barkwancin gidan talakan Ingila, inda ake cacar baki kan siyasa a teburin shayi, shirye-shiryen BBC guda biyu zai auna.

Na farko shi ne Till Death Us Do Part na Johnny Speight, wanda aka nuna daga 1966 zuwa 1975. Warren Mitchell ya fito a matsayin Alf Garnett, ma'aikacin tashar jiragen ruwa a gabashin Landan, ɗan a-mutun jam'iyyar Conservative, ga kuma mijin 'yarsa, Mike, mai ra'ayin Labour, zaune a gidansa. Inda mai saye ke yin asara: BBC ta goge kaset da yawa na shekarun 1960 don ta sake ɗaukar wasu shirye-shirye a kansu. Ko an rubuta "complete", wato cikakke, a jikin kwali, abin da ya tsira ake nufi. Kashi-kashi masu kala na 1972 zuwa 1975 su ne cikakku. Kamfanin Network ya haɗa su a kwali ɗaya a 2016, amma ya rufe a 2023, don haka na hannu za ka fi samu. Ƙirga faifan kafin ka biya.

Bakin Alf ba linzami, zagin baƙaƙen fata da baƙi ya yi yawa. Speight ya so a yi wa Alf dariya ne, sai wasu masu kallo suka riƙa tafa masa. Ba na kallo da yara ba ne.

Steptoe and Son, daga 1962 zuwa 1974, uba ne da ɗa 'yan gwangwan masu keken doki a Shepherd's Bush. Ɗan, Harold, na Labour, tsohon na Conservative, sai dai siyasar ba ta kai rikicin zaman tare ƙarfi ba. Duk kashi 57 suna nan, ko da yake wasu masu kala a baƙi da fari kawai suka tsira. Shi ya fi dacewa da sabon shiga.

In Sickness and in Health na 1985 zuwa 1992, inda Alf ya tsufa ya yi laushi, bar shi sai daga baya.

Ana kasa faifan DVD yanki-yanki: na Birtaniya Region 2 ne, Nijeriya da Nijar kuwa Region 5, don haka na'urar da Region 5 kawai take karɓa za ta ƙi shi. Duba kuma ko akwai rubutun magana a ƙasan allo, domin Turancin Cockney, na talakawan Landan, na haɗiye haruffa.