Gargaɗi: Masu Sayar da Allurar Gyambon Bishiyar Oak 'Yan Damfara Ne

Wani lokaci idan an yi fari mai tsanani a kudancin ƙasar Amurka, musamman Texas da Oklahoma, sai ka ga wasu suna bi gida-gida da tankin feshi a bayan mota. Suna nuna wa maigida inda ɓawon bishiyarsa ta oak ya salube, su ce suna da allurar da za ta warkar da ita, a biya yau kafin cutar ta cinye unguwa. Kada a ba su ko sisi.

Cutar da suke fakewa da ita gaskiya ce. Fumfuna ce mai suna Biscogniauxia atropunctata, da can ana ce mata Hypoxylon. Ganye yakan fara yin rawaya, rassan sama su bushe, sannan ɓawo ya ɓamɓare faci-faci. A ƙarƙashinsa za a ga wani gari ruwan ƙasa mai kama hannu. Bayan 'yan makonni wurin ya koma ruwan toka mai sheƙi, daga baya ya yi baƙi ƙirin, ya taurare kamar an shafa kwalta. In dai wannan ya bayyana a gangar bishiya, aikin gama ya gama, domin fumfunar ta riga ta ruɓar da naman itacen da ke ɗaukar ruwa zuwa sama. Babu maganin feshi ko na allura da ke dawo da shi.

Abin da sukan ɗura, idan ma ba ruwan taki ba ne, propiconazole ne. Magani ne na gaske, amma na wata cuta dabam, wato ciwon yaushin oak da Bretziella fagacearum ke haddasawa. A kan gyambon nan ba ya taɓuka komai, sai ma ramukan da aka huda a gindin bishiya su ƙara mata rauni.

Ƙarya ta biyu ta fi tsada: wai a sare lafiyayyun bishiyoyin da ke kusa don kada su kamu. Ai fumfunar tana zaune shiru a ɓawon lafiyayyun oak da yawa tun tuni. Ba ta tashi sai bishiya ta galabaita saboda fari, ko an datse mata saiwa wurin haƙa rami, ko motoci sun danƙare ƙasar gindinta. Sare maƙwabta asara ce tsagwaronta.

Bishiyoyin da gyambon bai bayyana a jikinsu ba ruwa suke so. A lokacin fari a ba su ruwa daidai da ruwan sama na kimanin santimita 2.5 a mako, a hankali, a ƙarƙashin bakin inuwar rassa inda ƙananan saiwoyi suke, har laima ta sauka santimita 20 zuwa 30. A shimfiɗa daddatsen itace kaurin santimita 5 zuwa 8, kada ya taɓa gangar. A daina ajiye mota a wurin, a kuma nisantar da takin da aka gauraya da maganin kashe ciyawa. Idan reshe ɗaya ne kawai ya kamu, ana iya yanke shi can ƙasa da inda gyambon ya tsaya.

Wadda ta mutu kusa da gida ko hanya a sauke ta da wuri, don itacen yana saurin ruɓewa, hawanta kuma ganganci ne. Nan ma akwai masu karɓar kafin alƙalami su ɓace. A nemi lambar shaidar ISA, ƙungiyar ƙwararrun masu kula da bishiyoyi ta duniya, a duba ta a intanet, a ga takardar inshora, a rubuta yarjejeniya, biya kuma sai an gama aiki. Mai feshi a Texas dole ya nuna lasisin Ma'aikatar Gona ta jihar. Wanda kuma ya riga ya sa hannu a ƙofar gidansa, dokar FTC, hukumar kula da ciniki ta tarayyar Amurka, ta ba shi kwana 3 na aiki ya soke cinikin da ya kai dala 25.