Faifan da ya nuna mini yadda aka haɗa Shichinin no Samurai

Na sayi wannan bugu mai faifai biyu ne domin fim ɗin kansa, wato Shichinin no Samurai (Mayaƙa Bakwai) na ƙasar Japan, wanda Akira Kurosawa ya ba da umarni kuma kamfanin Toho ya fitar a watan Afrilun 1954, amma da mako ya zagayo sai na tarar cewa faifai na biyu, mai ɗauke da bayanin yadda aka haɗa shi, shi ne ya fi cin lokacina.

Hoton ya fito tas, fari da baƙi, kuma an bar tsawonsa na asali, minti 207, har da hutun tsakiya. Sautin kuwa ya tsufa, domin kiɗan Fumio Hayasaka yakan ɗan shaƙe idan ya yi ƙarfi, sai dai wannan aibin zamaninsa ne.

Abin da ya kama ni shi ne wahalar da aka sha. Kurosawa da Shinobu Hashimoto da Hideo Oguni sun killace kansu a wani masauki a garin Atami har kusan mako shida suna rubuta labarin manoman da suka ɗauko mayaƙa bakwai, ladansu abinci kawai, domin su kare musu ƙauye daga 'yan fashi. Ɗaukar ta ci kwana 148 cikin kusan shekara guda, kuɗi suka ƙare, har Toho ta dakatar da aikin, shi kuwa daraktan ya tafi kamun kifi, yana da yaƙinin cewa kamfanin ya zuba dukiyar da ba zai iya janyewa ba. Wannan jinkiri ne ya tura yaƙin ƙarshe cikin hunturu, inda 'yan wasa Toshiro Mifune da Takashi Shimura suka yi ta faɗuwa a taɓo mai sanyin ƙanƙara, ana kwarara musu ruwa, kyamarori da yawa suna ɗauka lokaci guda daga nesa. Da na koma na sake kallon wurin, sai na daina ganin rawar jikin 'yan wasan a matsayin gwaninta kawai.

Ƙorafina ɗaya ne: fassarar da ke ƙasan hoton tana wucewa da sauri a hirarrakin tsofaffin ma'aikatan, har sai da na riƙa tsayar da faifan ina komawa baya. Wanda bai taɓa ganin fim ɗin ba ya fara da faifai na farko, domin na biyun ya tona waɗanda suka mutu cikin bakwai ɗin.