Sharhi kan na'urar karanta kwamfutar mota da kayan gwajin yoyon iska, bayan turbo ya rage ƙarfi

Motata mai injin dizal ce, lita 2.0, kuma ta haura kilomita 190,000 lokacin da ta fara halin da ya sa na sayi kayan da nake wannan sharhi a kansu. A kan shimfiɗaɗɗiyar hanya babu abin da mutum zai lura da shi, amma da zarar an fuskanci hawa, ko an taka totur domin wuce babbar mota, sai injin ya yi nauyi kamar an ɗaure motar ta baya, baƙin hayaƙi ya biyo salansa, bayan 'yan daƙiƙu kuma fitilar injin ta kama a dashbod. Daga nan ba ta sake yarda ta wuce wani ɗan gudu ko da an danne totur har ƙasa. Idan na tsaya na kashe ta na sake tayarwa, ƙarfin yakan dawo kamar ba a yi komai ba, har sai an sake cin karo da wani hawan. Kwamfutar motar ce take yin wannan takurawa da gangan domin kare injin, duk lokacin da ta ga matsin iskar da ta nema ya yi nisa da wanda ta samu.

Bakaniken da na fara kai wa bai buɗe komai ba. Ya tayar da ita, ya taka totur sau biyu tana tsaye, ya saurara, sannan ya ce, "Yallaɓai, turbo ya tafi, sai dai a sa wani." Na ce, "Malam, ta yaya aka gane?" Ya ce duk motar da ta kai wannan kilomita haka take yi. Ban yi gardama da shi ba, domin mai yiwuwa ne ya faɗi gaskiya, sai dai turbo yana cikin mafi tsadar abin da ake canzawa a jikin injin, kuma ban ga dalilin sayen sabo bisa sauraro da kunne kawai ba, balle ma mota da take tsaye ba lodi ba ta tara wani matsi na kirki da za a yi hukunci da shi. Shi ya sa na sayi abu uku: ƙaramar na'urar da ake maƙalawa a soket ɗin OBD2, wato mahaɗar kwamfutar mota, tana aika bayani zuwa waya ta Bluetooth, da murfin gwajin yoyo mai bawul da geji, da ɗan famfon hannu mai zuƙe iska.

Kafin a fahimci amfanin kowannensu, sai an tuna yadda turbo yake aiki. Fanka biyu ne a kan sanda ɗaya. Hayaƙin da yake fita daga injin yana juya ta farko, ita kuma tana juya ta biyu, wadda take zuƙo iska daga waje ta matsa ta cikin injin, kuma sandar tana iya wuce juyi 100,000 a minti ɗaya. Iskar da aka matsa takan yi zafi, saboda haka ake bi da ita ta intakula, wani ƙaramin lagireto na iska da yake gaban mota, kafin ta isa injin. Tsakanin turbo da injin ke nan akwai tiyo da bututu da kilif masu yawa, kuma kowane mahaɗi wuri ne da iska za ta iya tserewa. Sannan akwai abin da yake ƙayyade yawan matsin: a yawancin injinan fetur wata 'yar ƙofa ce da take karkatar da hayaƙi daga fanka, a yawancin na dizal na zamani kuma wasu ƙananan fukafukai ne da suke buɗewa suna tsukewa a kewayen fankar. Idan matsi ya gaza, laifin yana iya zama a kowane ɗaya daga cikin waɗannan, ko a sensar da take aunawa, ko a bawul ɗin EGR, mai mayar da wani kaso na hayaƙi cikin injin, idan ya maƙale a buɗe, ko a matatar iska ko ta hayaƙi da ta toshe. Turbon kansa ɗaya ne kawai daga cikin waɗanda ake zargi.

Na'urar karantawar ba ta kai akwatin ashana biyu girma ba. Soket ɗinta mai fil 16 yana ƙarƙashin sitiyari, kuma iri ɗaya ne a motocin da aka sayar a Amurka tun daga 1996, da na Turai masu fetur tun 2001, masu dizal kuma tun 2004. Haɗa ta da waya bai ɗauki minti biyar ba, kuma lambar da ta fara nuna mini ita ce P0299, wadda ma'anarta ita ce matsin turbo ya yi ƙasa da abin da ake buƙata. A nan ne nake ganin mutane da yawa suke yaudarar kansu da irin wannan na'ura, domin lambar ba ta ce turbo ya lalace ba, abin da ta ce kawai shi ne iska ba ta isa ba. Abin da ya fi lambar amfani a wurina shi ne bayanan da kwamfuta ta adana na daidai lokacin da laifin ya faru: juyin injin, da nauyin lodi, da gudun mota, da matsin da aka auna. Sun tabbatar da cewa matsalar ba ta bayyana sai injin yana jan kaya sosai.

Gwaji na farko da na yi da ita shi ne mafi sauƙi, kuma shi nake ba kowa shawarar farawa da shi. Na murɗa makulli ba tare da tayar da injin ba, na duba abin da sensar matsi take karantawa. Tun da injin ba ya aiki, dole ne ta nuna matsin iskar sarari, wanda yake kusan kilofaskal 101 a daidai bakin teku, yana raguwa gwargwadon tudun wuri. Tawa ta nuna 98, daidai da abin da sensar iskar waje ta motar ta nuna, saboda haka na sassauta zargin da nake yi mata. Wannan ya kuma koya mini yadda ake karanta lambar: sensar tana haɗa matsin sarari da na turbo wuri ɗaya, don haka idan ta nuna 200, abin da turbo ya ƙara kusan 100 ne, wato kimanin bar ɗaya a ma'aunin matsi na bar. Manhajar da nake amfani da ita ba ta bayyana wannan ko'ina ba, kuma na tabbata akwai waɗanda suka ga 150 suka ɗauka turbonsu yana aiki da kyau.

Bayan haka na sa wani ya riƙe wayar, na hau hanya mai tudu a giya ta huɗu, na danne totur daga juyi 1,500. Matsin ya tashi da sauri har 150, sai ya tsaya cak, ya ma ɗan koma baya, kuma tare da shi muka ji wani huci mai kama da na taya da ta sha ƙusa, wanda ban taɓa lura da shi ba saboda rediyo. Turbon da ya mutu ba ya tashi da irin wannan hanzari, tashinsa a hankali ne, sau da yawa da kuka mai kama da jiniya ko shuɗin hayaƙi na baƙin mai. Shi ma baƙin hayaƙin ya dace da yoyo, domin sensar da take auna yawan iskar shiga tana gaban turbo, ta ƙirga iskar duka, kwamfuta ta zuba man da ya dace da ita, alhali wani kaso na iskar ya zube a hanya.

Aibin na'urar a nan ya fito. Tana nuna matsin da aka samu, amma ba ta nuna wanda kwamfuta ta nema, domin a motata wannan bayanin yana cikin na musamman da kamfanin mota ya keɓe, ba ya cikin na gama-gari da kowace na'ura take karantawa. Sai da na nemo adadin daga littafin gyaran motar. Haka kuma ma'aunin gama-gari na matsi ba ya wuce kilofaskal 255, wanda ya ishe ni, amma ba zai ishi mai injin da aka ƙara wa ƙarfi ba. Idan aka zaɓi abubuwa shida ko bakwai a lokaci ɗaya, lambobin suna jinkiri har su zama ba su da amfani, dole na rage su zuwa uku. Sau biyu kuma haɗin ya yanke ana tsakiyar gwaji. Soket ɗin yana da wuta ko da mota a kashe take, saboda haka ba na barin na'urar a jiki ta kwana.

Murfin gwajin yoyo shi ne ya biya kuɗinsa a cikin minti goma. Ana cire tiyon da yake shiga bakin turbo, a toshe wurin da murfin, a ɗaure da kilif, sannan a tura iska ta bawul ɗin da kwamfuresa mai abin daidaita matsi. Takardar da ta zo da shi gajeriya ce ƙwarai, kuma ba ta ambaci abu biyu masu muhimmanci ba: a toshe tiyon numfashin injin idan yana cikin sashen da ake gwadawa, a kuma buɗe murfin baƙin mai, domin kada iska ta taru a cikin injin ta ture sil. Na fara da rabin bar, ban wuce bar ɗaya ba. A karon farko ban ɗaure kilif ɗin sosai ba, murfin ya fizge ya daki bonet da ƙara mai firgitarwa, kuma tun daga nan ba na tsayawa a saitinsa.

Da allurar gejin ta kai rabin bar, sai ta fara saukowa da kanta, hucin kuma ya fito fili daga ƙasan gaban motar. Na kwanta da fitila da gorar ruwan sabulu ina fesa mahaɗi bayan mahaɗi. A tiyon da yake fita daga intakula, daidai lanƙwasarsa ta ƙasa inda ido ba ya kaiwa daga sama, kumfa ta taso ta yi tozo kamar ƙwai. Da na sauke matsin na shafa wurin da yatsa, ban ji komai ba sai damshin mai da ƙura. Sai da na cire tiyon na lanƙwasa shi a hannu, tsagar ta buɗe baki, tsawonta kamar gaɓar yatsa biyu, gefenta ya yi laushi saboda man da ya daɗe yana jiƙa robar. Wannan ne ya sa duba da ido bai kama ta ba, domin ba ta buɗewa sai an matsa mata iska daga ciki. Ɗan maiƙon da ake samu a cikin waɗannan tiyo ba abin tsoro ba ne, daga numfashin injin yake zuwa. Abin da zai tayar da hankali shi ne a cire tiyo mai ya zubo.

Tun da bakin turbo a buɗe yake, na yi amfani da damar na duba fankar. Fukafukanta ba su da targaɗe ko ɓantara, ba ta taɓa jikin gidanta ba, akwai ɗan motsi gefe da gefe wanda ba laifi ba ne a irin turbon da sandarsa take yawo a kan mai, gaba da baya kuma kusan babu motsi. Wannan shi ne turbon da aka ce ya tafi.

Da na sa sabon tiyo da sababbin kilif, baƙin hayaƙin ya ɗauke, matsin ya haura 200, na share lambar ina ganin an gama. Bayan kwana tara fitilar ta dawo da P0299 a kan wani dogon hawa, ko da yake wannan karon ba huci, ba hayaƙi. Sai na ɗauko famfon hannu, wanda har lokacin nake ganin asarar kuɗi na yi a kansa. Na haɗa shi kai tsaye da gwangwanin da yake jan sandar fukafukan turbo idan an zuƙe iskar cikinsa, na zuƙe iska a hankali: sandar ta tafi sumul har ƙarshe, ta dawo ba tare da ta maƙale ba, allurar kuma ta tsaya ba ta sauka, alamar robar cikin gwangwanin lafiya take, fukafukan ma toka ba ta daskarar da su ba. Da na mayar da famfon kan siririn tiyon da yake kawo zuƙa daga bawul ɗin lantarki, allurar ta ƙi tsayawa ko na daƙiƙa ɗaya. Tiyon ya bushe ya tsage a bakinsa, inda zafin injin yake dukansa. Na canza shi duka maimakon yanke bakin, domin sauran jikinsa ma ya yi tauri kamar kara.

Wata huɗu ke nan, na yi tafiyar fiye da kilomita 6,000, kuma lambar ba ta dawo ba. A cikin kayan uku, murfin gwajin yoyo ne nake yabawa ba tare da sharaɗi ba, in dai mutum yana da kwamfuresa mai daidaita matsi, ya kuma auna faɗin bakin turbonsa kafin ya saya, domin girmansu ya bambanta. Famfon hannu ƙarfen jikinsa ba shi da kauri, ƙananan bakunan roba da suka zo da shi ba su riƙe sosai, amma ya yi aikin da babu abin da zai yi a madadinsa a motar da ake sarrafa turbonta da zuƙa. Wanda turbonsa yake da ƙaramin injin lantarki mai sarrafa shi a jiki ba ya buƙatarsa. Na'urar karantawa kuwa zan sake sayen ta, sai dai da a ce yau ne, da na ƙara kuɗi na ɗauki wadda take karanta bayanan musamman na irin motata, mai nuna matsin da aka nema da wanda aka samu a layi ɗaya, domin da ina da ita, da na ga ragowar giɓin tun a ranar da na canza tiyon farko.