Wane Agogo Za Ka Saya wa Makarantar Tsafin Lokaci?

Wasan kwaikwayon da ɗalibanmu suka shirya na ƙarshen zango a kan wata makaranta ce da babu ita a doron ƙasa, inda ake koya wa yara sarrafa lokaci. 'Yan aji ɗaya suna koyon tsayar da shi, 'yan aji biyu suna ja masa linzami ya koma tafiyar hawainiya. Manyan ɗalibai kaɗai aka yarje wa su mayar da shi baya, kuma duk wanda ya dawo da sa'a guda sai an zare kwana guda daga cikin kwanakinsa na duniya. Labari ya zauna, yara sun haddace. Abin da ya hana ni barci shi ne me za a ajiye a tsakiyar dandali, wanda ɗan kallo zai gani ya yarda cewa lokaci ake juyawa. Na yi mako biyu ina safa da marwa a nan Kaduna tsakanin Kasuwar Sheikh Gumi da Panteka, kasuwar maƙera, kuma ga abin da na gano, ko zai amfani malami ko marubucin da ke da irin wannan aiki a gabansa.

Agogon bango na batir kada ma ka tsaya taya shi. Yana da arha, amma da an rataye shi yaro zai tuna da ofishin shugaban makaranta, duniyar da kuka gina ta rushe.

Tsohon agogon katako mai lilo ya fi shi kwarjini nesa ba kusa ba. Alfanunsa a kunne yake: yana ta ƙas-ƙas, ɗalibi ya ɗaga hannu, wani a ɓoye ya kama lilon, zauren ya yi tsit. Wannan shirun shi ne tsayuwar lokaci. Sai dai samunsa da wuya, mai shi kuma ba ya sakinsa da araha, sannan mai buga ƙararrawa yakan lalace idan aka riƙa murɗa hannunsa baya. Akwai kuma batun zamani, domin sai a 1656 Christiaan Huygens na ƙasar Holan ya ƙera irinsa na farko, ka ga ba zai dace da labarin takobi da dawaki ba. In lilon kawai kake so, igiya mai tsawon kusan mita ɗaya da dunƙulen ƙarfe sun isa, kowace kaɗawa tana cin daƙiƙa ɗaya.

Agogon inuwa ya fi kowanne kusa da mu. Tun kafin agogon hannu ya zo ƙasar nan, da inuwa ladanai ke gane zawali, kuma su san La'asar ta yi idan inuwar abu ta kai tsawonsa bayan an ɗebe ta zawali. Maƙeri a Panteka zai yanka maka faranti da tsinke cikin yini guda. Idan kana son ya yi aiki da gaske, tsinken ya fuskanci arewa, ya karkata kamar digiri 10 da rabi daga ƙasa, daidai da nisan Kaduna daga layin Ikwaita, wanda ya raba duniya gida biyu. A dandali kuwa fitila ce rana, kana matsar da ita inuwa na komawa baya. Matsalarsa, faranti a kwance yake, waɗanda ke layin baya ba sa ganin komai. A fili kuma hazon hunturu yana dusashe inuwar, sannan sau biyu a shekara, cikin Afrilu da Agusta, rana kan tsaya daidai kanmu da tsakar rana. Na so shi ƙwarai, amma na haƙura.

Agogon yashi shi kowa ke fara ambata, kuma da dalili. Ka kwantar da shi, lokaci ya tsaya. Ka kifa shi, lokaci ya juya. Ko tsohuwar da ba ta ji abin da ake faɗa ba ta gane. Waɗanda na gani a shagunan kayan kyauta ƙanana ne, ba su wuce tafin hannu ba, don haka sai dai ka haɗa naka da manyan kwalabe biyu baki da baki. Yashin kogin Kaduna yana yi, amma sai an wanke, an shanya, an soya a kasko, an tankaɗe da rariyar laushi har sau uku. Masu ƙera shi a da ma sukan guje wa yashi zalla, su daka ɓawon ƙwai ko dutsen marmara saboda ƙwayoyin su zo daidai. Idan wasanku da damina ne, ka toshe mahaɗin da kyau, don da raɓa ta shiga zai cushe ana tsakiyar wasa. Namu ya yi haka a gwaji na biyu.

Duk da haka ba shi na zaɓa ba, kuma a nan nake son a saurare ni. Agogon yashi yana nuna wa yaro cewa dawo da lokaci abu ne mai sauƙi, juyi ɗaya ba ko kwabo. Wasu iyaye sun yi mini magana a kan kalmar tsafi, kuma ban ga laifinsu ba. Na faɗa musu tatsuniya ce irin ta Gizo da Ƙoƙi, kuma inda ta dosa shi ne lokaci na Allah ne, wanda ya taɓa shi sai ya ɗanɗana kuɗarsa. To ashe kayan da ke dandali ma ya kamata ya faɗi hakan.

Shi ya sa na tsaya a kan agogon ruwa, irin na tasa mai huda. Ana ɗora tasar a kan ruwa cikin babban mazubi, ruwa na shiga ta hudar sannu a hankali har ta nutse. A da, manoman Farisa da shi suke raba lokacin ban-ruwa, kuma irin wannan tasar ce ke cikin agogon giwa da masanin ƙere-ƙere Al-Jazari ya bayyana a littafinsa na 1206, tana nutsewa duk rabin sa'a. A wasanmu, ɗalibin da zai dawo da lokaci sai ya tsamo tasar ya zubar da ruwan a ƙasa, kowa yana kallon mazubin yana raguwa, ruwan da ya zube kuma ba ya kwasuwa. Sanda yarinyar da ke fitowa a babbar ɗaliba ta zubar da na ƙarshe don ta dawo da ƙaninta, har mai gadinmu sai da ya share ido.

Wajen saye, kada ka ɗauki ƙwarya, ko ta cika ba ta nutsewa yadda ake so. Nemi tasar tagulla ko ta ƙarfe mai ɗan nauyi, wadda gindinta ya zauna daidai don kada ta karkace ta sha ruwa ta baki. Ka ce wa maƙerin ya fara da huda kamar ta allura, faɗaɗawa ba wuya, rage ta ne aiki. Mazubin ya zama garai-garai don a ga nutsewar daga nesa, a ɗiga shuni kaɗan a ruwan, a sa fitila ta baya. Ka zaga rumfa uku kafin ka biya, kuma ka tafi da bokitin ruwa ka gwada a gaban mai sayarwa.

Ruwan sanyi ya fi na ɗumi nauyin gudu, saboda haka tasar da ta nutse cikin minti biyar da rana tsaka za ta iya jinkirtawa da safiyar Janairu. Ka sake auna ta a ranar wasan, da ruwan da za a yi amfani da shi, a zauren da za a yi.